Ranar da Aka Sallami Allura

Duk unguwar Allura ake ce mata, kuma wanda ya raɗa mata sunan bai yi ƙarya ba. Siririya ce, mai ɗinki ce, sannan in ta soka maka magana sai ka kwana kana sosa wurin. Mijinta kuwa bakanike ne, ƙato, wanda in ya tsaya a bakin ƙofa sai ɗaki ya yi duhu. Mutum ne da zai ɗaga kan inji shi kaɗai, amma a gida ko kofi ya ajiye ba daidai ba sai ya waiga ya ga ko ta gani. Yara sun girma sun watse, su biyu suka rage, tana faɗa yana cewa to. Shi dai ba a taɓa jin ya kai ƙara ba.

Ciwon daga ƙafa ya faro. Aiki ya yi mata yawa, ta maƙale a kan keken ɗinki tun safe har yamma, kwana da kwanaki, ko ruwa ba ta tashi ta sha. Ƙafar hagu ta kumbura, ta ce gajiya ce. Ya ce a je asibiti, ta ce shi da ya san asibiti ya je ya gaishe su. Ranar da abin ya tashi, miƙewa kawai ta yi za ta ɗauko almakashi, sai ta dafe ƙirji ta zube a ƙasa tana haki. Ya sungume ta ya sa a mota ba ta ce uffan ba, kuma wannan shirun nata ya fi komai razana shi.

A asibiti aka yi mata hoton ƙirji. Likitar, wata matashiya mai tabarau da saurin magana, ta ce jini ne ya daskare a jijiyar ƙafa, gudan ya ɓalle ya bi jini har huhu, ya toshe wata hanya a can. Aka yi mata allurar tsinka jini, aka sa mata iska a hanci, aka ɗebi jininta a 'yar kwalba. Can bayan wasu awoyi aka sake ɗiba. Bakanike yana tsaye yana kallo, a ransa yana cewa mace kamar tsinke, ina ta ga jinin da za a yi ta kwasa haka?

A gadon da ke kusa da nata akwai wata malamar makaranta, mai jiki, mai fara'a, wadda irin ciwon nan ne ya kawo ta. Da ƙafarta ta shigo, tana ta raha da ma'aikata, har lemon da aka kawo mata ta ɓare ta miƙo wa Allura. In ka gan su tare, ka rantse Malama dubiya ta zo. Amma da safe sai ga ma'aikata sun zo da gadon turawa, wai za a mayar da ita ɗakin kulawa ta musamman, ɗakin nan mai na'urori da ke ta ƙiftawa.

“Ke kuma ina za a kai ki?” in ji Allura.

“Wai jinina ne ya kai ƙarata,” in ji Malama tana dariya. “Ni ina cewa lafiyata ƙalau, shi yana can yana tona mini asiri. Ki ajiye mini sauran lemon nan, zan dawo.”

Ba a jima ba likitar ta zo zagaye. Ta duba Allura, wadda tuni an cire mata iskar, ta sa ta taka zuwa bakin taga ta dawo, ta duba bugun zuciyarta, ta gyaɗa kai. Allura ta shiga banɗaki, likitar ta juyo wajen Bakanike, ƙafarta ɗaya ta riga ta kama hanyar gado na gaba.

“Baba, gobe in Allah ya kai mu sai ka kai ta gida. Za mu ba ta ƙwayoyi ta riƙa sha. Gida zai fi mata daɗi.”

Ta wuce abinta. Shi kuwa ya bi ta da kallo, ya dafa ƙarfen gado.

Ya san wannan maganar. Lokacin jinyar mahaifinsa ta ƙarshe, haka wani babban likita ya ja shi gefe, ya dafa kafaɗarsa, ya ce su kai tsoho gida ya huta cikin iyalinsa. Suka kai shi, ba a daɗe ba aka yi rashinsa. Haka aka yi da gwaggonsa ma. Tun daga nan kowa a danginsu ya haddace cewa asibiti ba ya sakin wanda yake sa ran tashinsa, sai wanda aka ga babu sauran dabara. Ga shi yau da idonsa ya gani: mai lafiya an tura ta ɗakin na'urori don a ceto ta, tasa matar kuma, da aka kawo ranga-ranga jiya jiya, an ce a tafi da ita da 'yan ƙwayoyi a leda.

Allura ta fito tana gyara ɗankwali. Ya yi wuf ya riƙe mata hannu, ya gyara mata matashi, ya tambaye ta ko akwai abin da ranta yake so, komai da komai.

Ta kalle shi sama da ƙasa. “Baban yara, lafiyarka kuwa? Yaushe ka fara tambayata abin da raina yake so?”

“Babu komai. Wai gobe za mu gida.”

“Alhamdu lillahi! Kayan mutane na can jibge suna jirana.”

Ya ce bari ya leƙa gareji. Ya fita da sauri don kada ta ga idonsa.

Ba gareji ya nufa ba. Gidan yayarsa ya je, wadda ita ta goye shi yana ƙarami, ita ce kuma ta riƙe kan mahaifinsu a ranar ƙarshe. Ya faɗa mata abin da likita ta ce, kalma da kalma. Yaya ta saki salati, ta zauna daɓas.

“Ta sani?”

“Ba ta sani ba, Yaya.”

“To kada ka kuskura ka faɗa mata. Ka bar ta cikin farin cikinta.” Ta share ido da bakin mayafi. “Amma akwai abu ɗaya. Kayan mutane da ke hannunta amana ce. Kada ka bari ta tafi da nauyin kowa a wuyanta.”

Wannan magana ta zauna masa daram. Ba shi da ikon cire gudan jini daga huhu, amma wannan kam aiki ne da ƙato zai iya. Ya koma gida ya buɗe ɗakin ɗinkin. Ga keken nan, ga guntun alli, ga zarurruka a gwangwanin madara, ga takalminta ɗaya a inda ya sulluɓe jiya. Kanta uku cike da atamfa da leshi da shadda, wasu an yanka, wasu an harhaɗa saura hannu, wasu ko warware su ba a yi ba. Ya tsaya ya yi kukansa mai isarsa, babu mai gani. Sannan ya kwashe kayan kaf ya loda a bayan mota.

Shi ne ɗan aikenta tun fil azal, don haka ya san gidajen. Abin da bai sani ba shi ne wane yadi na wace ce, domin wannan a kanta yake, ba ta taɓa faɗa wa kowa ba. Haka ya bi gida-gida yana sallama, yana cewa jikin nata ne sai a hankali, ga kayanku, a yafe mata jinkiri. Mai kitso ta karɓi leshin matar mai shagon magani ba ta ko duba ba, saboda hawaye. Wata tsohuwa ya miƙa mata rigar 'yar makaranta da ba a sa wa hannu ba, ta rungume tana addu'a. Kafin la'asar sakaliya bayan mota ya zama wayam, unguwa kuma ta yi tsit.

Yadi ɗaya ne ya rage, wata shadda ruwan toka da ke can ƙasan kanta, ninkinta har ya yi layi don daɗewa. Wannan ba ta da gidan da za a kai ta, tasa ce. Shi ya sayo tun ƙaramin ɗansu yana firamare, ya ce ta ɗinka masa riga. Ta ce bari ta gama na mutane tukuna, shi ai na gida ne. Na mutane kuwa ba su taɓa ƙarewa ba. Ya mayar da ita inda take, ya ja ƙofa.

Washegari da safe ya isa asibiti da niyya ɗaya. Ya tsaya a tsakiyar baranda, kuma in wannan mutumin ya tsaya a baranda, to an rufe hanya. Likitar ta taho da sauri kamar kullum, ta yi turus.

“Likita, don girman Allah ki saurare ni,” in ji shi. “Kada ku sallame ta. Ku sa ta a ɗakin na'urorin nan kamar yadda kuka sa waccan. Ku gwada ko da sau ɗaya ne. In an gwada bai yi ba, na san an gwada.”

“A gwada me, Baba?”

“Na san abin da ake nufi in an ce a kai mutum gida. An faɗa mini a kan mahaifina. Ni ba yaro ba ne.”

Likitar ta cire tabarau ta dube shi sosai, a karon farko tun zuwansu. Sai ta dafe goshi.

“Wayyo Allah. Baba, da wannan ka kwana? Laifina ne, na yi maka magana a tsaitsaye. Zo mu zauna.”

Suka zauna a benci. Ta ce ya manta da mahaifinsa tukuna, Allah ya jiƙansa, wannan wata magana ce daban. Zuciya ita ke tura jini cikin huhu. In hanya ta toshe, dole ta yi ta turawa da ƙarfi, kuma a wannan ciwon abin da ake tsoro ke nan, kada zuciyar ta gaza. Wani za ka gan shi garau yana hira, alhali zuciyarsa tana can tana shan wuya. Wani kuma ya firgita kowa, amma tasa ko gezau. Saboda haka ba a tsayawa ga fuska kaɗai, sai an tambayi jini.

“In naman zuciya ya jigata, akwai wani abu da yake zubarwa cikin jini, turoponin muke ce masa. Akwai wani kuma da yake hawa in zuciyar ta buɗe fiye da kima. Su muka nema a kwalaben nan da ka ga ana ɗiba.”

Bakanike ya juya maganar a ransa. Can ya ce, a hankali, kamar mai tsoron kada ya yi shirme, “Kamar in na juye baƙin mai ke nan? In inji yana cin kansa a ciki, ko da ƙararsa lafiya lau, sai in murza man a yatsa in ji garin ƙarfe.”

“To ka gama gane shi. In ka murza ba ka ji komai ba fa?”

“Injin lafiyarsa ƙalau.”

“Mun murza nata sau biyu, don wani lokaci abin ba ya fitowa da wuri. Duka biyun tas. Hoton zuciyarta ma lafiya, bugunta daidai, numfashinta ya dawo ba tare da iska ba. Masu irin wannan sakamakon, kusan dukkansu warkewa suke yi, kuma a gida suka fi warkewa. Ɗakin can da kake roƙo, na waɗanda jininsu ya nuna garin ƙarfe ne, ake tsare da su kada abin ya zo ba shiri. Ba na yi wa matarka fatan shigarsa.”

Sai a lokacin maganar Malama ta faɗo masa, wai jininta ya kai ƙararta. Ashe ba raha kawai take yi ba.

Amma tsoron da ya kwana a ƙirji ba ya fita da magana ɗaya. Ya ce, “Likita, ba kara kike yi mini ba? Mu a gidanmu haka muke yi, sai mu yi ta cewa da sauƙi har a ɗauki mutum.”

“Ni ina iya yi maka kara, Baba. Jini bai san ka ba, bai san ta ba, ina zai yi muku kara? Kuma ba zan ce maka babu sauran haɗari ba, rai na Allah ne. Maganin nan wata da watanni za ta sha, ba fashi ko na rana ɗaya. In ka ga jini yana fita ta hanci ko ta wani wuri ya ƙi tsayawa, ko hakin ya dawo, ko ƙirji ya riƙe, ka kawo ta a take. Sannan zaman nan na wuni guda a kan keke ya ƙare, ta riƙa tashi tana takawa. Za ka iya sa ta?”

“Sa ta?” Dariya ta kuɓuce masa tare da hawaye, ƙaton mutum a kan benci yana share fuska da hula. “Likita, ba ki san ta ba ne. Amma zan gwada.”

Likitar ta maimaita bayanin duka a gaban Allura, wannan karon a zaune. Da za su fita, Allura ta ce sai ta ga Malama. Ta gilashin ƙofa kawai aka bari. Malama tana kwance da wayoyi a ƙirji da iska a hanci, ta ɗan faɗa, amma da ta hango su sai ta ɗaga babban yatsa. Ma'aikaciyar da ke ƙofar ta karɓi ledar lemon ta ce za ta ajiye mata.

A mota Bakanike sai murmushi yake yi shi kaɗai, yana tuƙi a hankali kamar ya ɗauko ƙwai. Sai da suka shigo layinsu, ya hango mai kitso ta leƙo ta ga Allura zaune a gaba tana gyara ɗankwali, ta saki tsintsiya ta dafe ƙirji, sannan ya tuna abin da ya aikata jiya. Ya so ya yi bayani tun a mota, sai ga su a ƙofar gida.

Ko zama ba ta yi ba, ɗakin ɗinki ta nufa. Ya tsaya a tsakar gida yana jira. Bai jira da yawa ba.

“Baban yara! An yi mana sata!”

“Ba sata ba ce.”

“To ina kayan mutane?”

“Na mayar musu.”

“Ka mayar? Ka mayar wa wa? Kai da ba ka san bambancin leshi da labule ba! Wa ya aike ka? Rigar da na yanka saura hannu, ita ma ka kai? Wa ka ba? Innalillahi, mutumin nan ya kashe mini sana'a da rana tsaka! Kwana nawa na yi da har za ka raba gadona ina raye?”

A nan ta tsaya cak, don ta ji abin da bakinta ya faɗa. Ta dube shi. Yana tsaye da ledar magani a hannu, idanunsa jawur, bai kare kansa ba. Faɗan nan da ya kwana yana tunanin ba zai sake ji ba, ga shi yana sauka a kansa da cikakken numfashi, ko haki babu, kuma wallahi bai taɓa jin abin da ya kai shi daɗi ba.

“Da aka ce in kawo ki gida,” in ji shi, “na zaci irin ta Baba ce. Ban so ki tafi da kayan kowa a wuyanki ba.”

Allura ta zauna a kan kujerar keken. Ta daɗe tana kallon kantocin nan da suka zama wayam. Ta tuna tambayar da ya yi mata jiya, ko akwai abin da ranta yake so, sai tausayinsa ya kama ta. Ita ba gwanar lallashi ba ce, ba ta san ta inda ake farawa ba. Idonta ya sauka a ƙasan kanta, inda shaddar nan ruwan toka take kwance ita kaɗai.

“Wannan fa? Ita ba ka sami mai ita ba?”

“Mai ita ya yafe tuntuni.”

Ta miƙa hannu ta ɗauko, ta kaɗe ƙurar, ta warware ta a cinyarta tana shafa layin ninkin. Sannan ta jawo tef ɗin awo daga wuyan keken ta miƙe tsaye.

“Likita ta ce kada ki daɗe a zaune,” in ji shi da sauri.

“A zaune ka gan ni? Matso nan. Gobe da safe za ka bi gidajen nan ɗaya bayan ɗaya ka karɓo mini kayana, da ƙafa, ni ma ina biye da kai tunda an ce in riƙa takawa. Su ga fatalwar da idonsu. Amma yau babu na kowa a gabana. Ɗaga hannu.”

Ya ɗaga. Ta zagaya tef ɗin a ƙirjinsa, hannayenta da ƙyar suka haɗu a bayansa, kuncinta ya manne da rigarsa mai warin baƙin mai. Ta daɗe a haka, fiye da yadda awo yake buƙata.

“Ka ƙara ƙiba tun da ka sayo ta,” in ji ta. “Allah ya sa yadin ya isa. Ka tsaya mini da kyau, ka daina rawar jikin nan.”